Billen Gwaggo Barira

Aikina zana mutane in sa su motsi. Takarda goma sha biyu nake ɓatawa kafin mutum ya ɗaga hannu, kuma da wannan sana'a aka san ni a Faransa da Kanada. A garinmu Korgom kuwa har gobe ni ne Wada, wanda aka kai lakwal, makarantar boko, ya dawo bai iya riƙe hauya ba.

A yunwar tamanin da huɗu na zo gida daga Yamai da littafin zanena. Wata asuba na hango Gwaggo Barira, ƙanwar babana, a bayan gari tana tona gidan tururuwa, tana sheƙe ƴan ƙwayoyin hatsi cikin ƙwarya. Mata da yawa sun yi haka a shekarar, amma ba wadda ta taɓa faɗa. Na laɓe bayan aduwa na zana ta, ina jin kaina babban mutum.

Fim ɗin da na yi da zanen minti tara ne. Turawa sun yi kuka, sun ba ni kyautar gunkin tagulla mai nauyi. Ban sa sunanta ba, ban ambaci garin ba, na ɗauka na rufa asiri. Sai dai na zana tsagar fuskarta yadda take, har da billen da wanzami ya karkata a kuncin hagu. Bature layi kawai yake gani. A wajenmu kuwa, gara ma a rubuta sunan mutum da na kakansa.

Bayan shekara uku, kumandan sojan da ke riƙe da Tasawa ya ji labarina a rediyo, ya ce dole a nuna wa mutanen garinmu abin da ɗansu ya yi. Ba a yi wa mai kaki gardama. Aka kawo injin wuta, aka toshe tagogin lakwal da tabarmi bayan la'asar, aka zaunar da Gwaggo a gaba don girmamawa.

Matar zanen ta durƙusa, ta juyo da fuskarta. Can baya wata tsohuwa ta ce, "Ashe ke ma, Barira."

Kumandan kaɗai ya tafa.

Na sami Gwaggo a tsakar gida tana tsinkar zogale. Na durƙusa na fara, "Gwaggo, wallahi ban yi nufin…"

"Ka iya, ɗan nan," ta ce, ba ta ɗago ba. "Har billen. Mijina shekara talatin bai lura ya karkace ba."

"Duniya nake so ta san wahalar da aka sha."

"To ta sani. Ita Kanadar nan ƙasa ce?"

"Ƙasa ce."

"Can ma sun gan ni a durƙushe?"

Na ce sun gani.

Ta zuba ganyen a ƙwarya. "Abu ɗaya ka manta. Ba ka zana baƙon da ya zo daga Yamai ba, wanda aka tona ramin dominsa. Malmala biyu ka ci ranar, ka ce tuwon akwai tsakuwa."

Na zauna a bakin tabarmarta.

"Tashi min daga kan tabarma," ta ce. "Ladi maƙwabciyata za ta zo yi min jaje, kuma ba na so ta tarar da kai."