Ciyawar da Baba Ya Zaɓa

Duk wanda ya san Baba ya san hancinsa. Tun kafin a haife ni yake sayar wa masu dawaki busasshiyar ciyawa, kuma ba ya karɓar dami sai ya cusa hannu can ciki, ya zaro ta tsakiya ya shinshina. Mai kore shar, mai laushin ganye da ƙamshi, ita ce ciyawa a wurinsa, sauran duk shara ce, da ƙafa yake ture ta. Damin da ya fi kowanne kyau kuwa ba ya ganin kasuwa, na goɗiyarsa ne. Ni ce autar gidan, amma ita yake kira Auta, ni kuwa "ke".

Da ta tsufa sai gashinta ya yi tsawo ya nannaɗe, ya ƙi zuba ko ana zafi. Wuyanta ya tara kitse, tana taka ƙasa kamar mai tafiya kan ƙaya. Likitan dabbobi ya ɗebi jininta, ya dawo ya ce wani sinadari ne ya rikice a jikinta, ta zama kamar mai ciwon suga. Ciyawa mai kyau cike take da zaƙi, shi kuma zaƙin kofato yake sauka ya ci.

"A nemo mata wadda ta tsufa kafin a yanke, mai kara-kara, amma ba mai fumfuna ba," in ji shi. "A jiƙa ta, a zubar da ruwan, sannan a ba ta."

"Wadda nake turewa da ƙafa ke nan," Baba ya ce.

"Ita fa, Baba."

Baba ya yi masa godiya, ya raka shi har ƙofa, ya dawo ya ce yaron nan bai taɓa shinshina dami ba a rayuwarsa.

Aikin ya faɗo kaina, kamar duk aikin da ba a yabawa. Kullum in jiƙa ciyawa a baho har ruwan ya rine kamar shayi, in tsane ta, in kai barga. Hannuwana suka tsattsage. Abokan sana'ar Baba suka samu abin yi, in sun gan shi sai su ce, "Mai ciyawa, ya goɗiyar da ke cin wanki?" Ya yi dariyar yaƙe, ya shigo gida ya huce a kaina. Amma Auta ta fara taka ƙasa sosai, har ta yi ɗan sukuwa a fili, ni kuma na ji daɗi har raina.

Sai ciwon ya dawo. Ta riƙa miƙa ƙafafun gaba tana jingina nauyinta baya, kofatonta zafi rau. Na ga koren ganye a ƙasan kwamin abincinta, na wuce kai tsaye wurin Yaya, wanda yanzu shi ke riƙe da shagon Baba, na wanke shi tas. Ya rantse ba shi ya ba ta ba, na ce rantsuwarsa ta banza ce. Muka daina magana.

Wata safiya na fito shanya, na hangi Baba a barga. Yana zaro ciyawa daga cikin rigarsa, koriya shar, yana ba ta a baki yana shafa goshinta.

"Baba! Kashe ta za ka yi!"

Ko razana bai yi ba. "Ɗan kaɗan ne. Ke, ba zan tsaya ina kallo tana cin abin da ko maƙiyina ba zan sayar wa ba."

"Likita ya ce..."

"Likita ya haife ni?"

Na kulle rumbun ciyawa, na rataya makulli a wuya. Aikin banza, mutumin da duk mai dami a garin yaronsa ne. Na roƙe shi, na yi kuka, na ba Yaya haƙuri muka roƙe shi tare. Ya ce to. Washegari na sake share koren ganye.

Ranar da Auta ta kwanta ta kasa tashi, likita ya duba ya ce ƙashin cikin kofaton ya juya, barinta da rai zalunci ne. Ni na riƙe mata kai aka yi mata allurar mutuwa, Baba bai iya fitowa ba.

Da yamma abokansa suka cika zaure yi masa jaje. Na shigo da ruwan sha, na ji Baba yana magana.

"Ku gane mini, a gidan mai ciyawa yunwa ta kashe ta. An wanke mata abinci har ba abin da ya rage a ciki." Ya ɗago ya dube ni.

Suka girgiza kai suna salati. Yaya ya sunkuyar da kai. Na tsaya da tiren a hannu ina duban fuskar Baba, ina neman alamar ƙarya ko da ƙanƙani, don in samu abin riƙewa. Babu. Har cikin zuciyarsa ya yarda ni na kashe ta.