Washin Wuƙar Baba

Imran mai haɗa wa finafinan ban tsoro kiɗa ne a unguwar Albarika, a garin Paraku. Sau uku Zuwaira, mai shirya fim, tana mayar masa da aikinsa.

"Wannan ko kaza ba zai razana ba," in ji ta.

Cikin haushi ya tono wani tsohon sauti a wayarsa: marigayi babansa, mahauci a garin Jugu, yana wasa wuƙa da safe. Ya rage masa sauri, ya yanke tarin da tsohon kan yi in ya gama, ya saka sautin a fim ɗin.

Ranar nuna fim, da ƙarar ta taso, 'yan kallo suka rufe fuska. Imran kuwa ya kasa kunne, yana jiran tarin nan da shi da kansa ya yanke.