Sinyo Belardi na Milan

Saura ƙiris in fasa rubuta wannan, don labarin gwaggona Maud ne da mijinta, kuma ba mai daɗi ba ne.

Mijin, Edwin Thackray, shi ne madugun makaɗa a wani kamfanin opera, wato wasan kwaikwayo da ake yi da waƙa, mai yawo gari-gari a Ingila. Har ya yi furfura yana kaɗa sandar jagorantar makaɗa a kan waƙoƙin Italiyawa, tasa operar kuwa, wadda ya tsara a kan masuntan garin Whitby, tana cikin akwati a ƙarƙashin gado. Burin Maud ɗaya ne, ta ji an kira sunansa a bainar jama'a kafin ƙasa ta rufe musu ido.

Ran nan mai kamfanin, Mista Pilling, ya zo shan shayi.

"Zan sa operarka a Bradford," in ji shi, "amma fa wa zai yanki tikiti don ya ji waƙar ɗan mahauci irinka? A takardar talla za mu rubuta cewa Sinyo Belardi na Milan ne ya tsara ta."

"Haba, Mista Pilling!" in ji Maud. "Ina Ba'italiye ina masuntan Whitby?"

"Uwargida, teku ai teku ne. Sai mu mai da su na Napoli."

Edwin ya daɗe yana juya cokali a kofi, sannan ya ce, "To."

Ranar wasa zaure ya cika maƙil. Maud tana can sama a kujeru masu araha. Da aka gama, tafi ya ɓarke kamar rufi zai faɗo, ana ta ihu, "A fito da wanda ya tsara waƙar!" Edwin yana tsaye a ramin makaɗa da ke gaban dandamali, ya ba jama'a baya. Ta ga kafaɗarsa ta motsa kamar zai juyo. Sai Pilling ya fito gaban labule, ya ce Sinyo yana Milan, ba ya jin daɗi.

Matar da ke kusa da ita ta zungure ta. "Kin ji ko? Namu ba za su taɓa iya wannan ba. Sanyi ya daskarar musu da zuciya."

Maud ta buɗe baki za ta faɗi gaskiya, ta tuna aikin nan ne abincinsu, sai ta tashi ta nufi ƙofa.

A hanyar gida, cikin yayyafi, ta ce, "Maigida, ka rubuta wata mana, da sunanka."

"Wata kuma? Duk abin da ke cikina na juye a waccan, Maud. Ga shi ta zama ta wani."

Washegari ta hura wuta, ta goge masa farar rigarsa, don da yamma zai sake kaɗa wa Sinyo Belardi sanda.