Ƙafar Motar Baba Sha-Uku

Ramin da ke kan kwanar layinsu ne ya ja masa. Ya san ramin sarai, kullum yana kauce masa, amma ranar ruwan sama ya rufe shi, sai ji ya yi ƙafar gaba ta faɗa ciki, garam! Da ya fito ya duba, tayar ta yage, rim ɗin kuma, wato ƙarfen da taya ke zama a kai, ya tsage tun daga baki har kusa da noti. Ya buɗe but ɗin motar ya ciro safayar taya, ita ma tsatsa ta gama da ita tun ba yau ba. Maƙwabta suka taya shi tura motar cikin gida, aka ɗora ta a kan bulo, kowa ya yi masa jaje ya kama gabansa.

Motar tsohuwa ce tukuf. Ya saye ta tun yana mai kula da sito a wani kamfani, ita ta kai matarsa asibiti zuwan ƙarshe, ita ta dawo da shi shi kaɗai. Tun daga nan gidan ya yi masa faɗi. Kujeru biyu a falo, ɗaya ba mai zama. Firji na ta gurnani, agogon bango na ta abinsa. 'Yarsa Auta aure ya kai ta gari mai nisa, sai ranar hutu take bugo waya, kuma sau da yawa in ya ɗauka sai muryarsa ta fito a shaƙe, don tun safe bai yi magana da kowa ba. Kaɗaici yana cinsa, ko da yake da za ka faɗa masa haka sai ya ce kai ne dai ke jin kaɗaici.

Washegari ya zura tsagaggen rim ɗin a buhu ya saɓa, ya taka har bakin babban titi inda ake sayar da taya. Shago ne ɗan ƙarami, a matse tsakanin mai walda da mai gyaran waya, gabansa mota ɗaya tak yake ɗauka. Tayoyi jibge har rufi, ga bahon baƙin ruwa da ake neman huda a ciki, ga injin iska yana ta tari. A gefe an ɗora katako a kan tayoyi biyu, ya zama benci.

Mai Taya, wani ƙato mai tumbi da dariya kamar ana mirgina ganga, ya juya rim ɗin ya karanta lambar girmansa da ke jiki.

“Sha uku? Baba, wannan ai sai gidan tarihi.”

Daga ranar sunan ya bi shi. Mai Taya ya yi masa bayani cewa motocin yanzu ƙafafunsu manya ne, an daina kawo irin wannan, amma ya bar rim ɗin a nan a riƙa gwadawa da shi, za a buga waya a tambaya. Ya ce ya zauna ya huta tukuna. Ya zauna.

To, a nan fa maganar take. Baba Sha-Uku mutum ne da ba ya zaman banza a wurin neman abincin wani. Lokacin da yake riƙe da sito, ko abokinsa ne ya zo hira sai ya tsaya a bakin ƙofa, ya faɗi abin da ya kawo shi, ya ƙara gaba. A wurinsa wanda ya zauna a shagon mutane ba da dalili ba, ya zubar da girmansa. Amma jira daban ne. Mai jiran kaya abokin ciniki ne, bencin haƙƙinsa ne. Da wannan hujjar ya zauna har rana ta yi tsaka, ya ji ana musu a kan ko injin dizal ya fi na fetur daɗewa, sai Dogo mai faci ya waiwayo ya ce Baba ya raba gardama. Rabon da wani ya tambaye shi ra'ayinsa har ya manta. Ya gyara murya ya raba, aka ƙi yarda da rabon, aka sake sabon musu, shi kuwa ransa fari ƙal.

Kullum da safe sai ya yi wanka ya sa kaya masu guga, ya je jin ko an samu. Rim na farko da aka kawo hudar noti biyar gare shi, nasa kuwa huɗu, ba ma sai an gwada ba. Na biyu hudarsa huɗu, amma da aka kifa shi a kan tsohon aka zura ƙarfe, sai huda biyu suka hau, biyu suka ɗan kauce. Dogo ya ce ai kaɗan ne, in an matsa noti zai shiga. Mai Taya ya daka masa tsawa, ya ce notin da ya shiga a karkace wata rana a kan titi zai fita, shi ba zai ɗauki ran tsoho ba. Na uku ramin tsakiyarsa ya yi ƙanƙanta. Na huɗu komai ya hau, sai da aka gindaya sanda aka auna zurfi aka ga cikinsa ya shige da yawa, in aka ɗaura zai riƙa gugar ƙarfen birki.

Duk wanda ya ƙi hawa, Baba Sha-Uku sai ya ja tsaki ya girgiza kai, ya ce Allah ya kyauta. A cikinsa kuwa wani sanyi yake ji. Ya san abin da yake ji, bai ruɗi kansa ba: ranar da aka samu rim, ranar zamansa ya ƙare, kuma ranar yake tsoro. Yanzu yana da gefensa a benci, wajen inuwa. Ya san 'yar Dogo tana haƙori, ya san mai walda da surukinsa ba sa ga maciji. In ya makara, sai a ce Baba yau lafiya kuwa. Kai, wannan tambayar kaɗai ta ishe shi guzurin yini.

Ana nan sai Mai Taya ya kawo shawara mai kyau. Ya ce a bar wahalar sha uku, akwai sha huɗu mai huda irin tasa, zurfi daidai, a saya guda huɗu a sa musu taya marar kauri, tsayin ƙafar ya dawo yadda yake, ba ta taɓa jikin mota, allurar da ke nuna gudun mota ma ba za ta yi ƙarya ba. Shawarar ba ta da aibi, Baba Sha-Uku ya sani. Amma ya murtuke fuska, ya ce taya marar kauri a wannan titi mai ramuka bayansa ne zai ji a jika, kuma shi motarsa yadda aka ƙera ta haka za ta mutu. Rabin maganar gaskiya ce. Da aka kawo wani sha ukun da ya hau tsaf, sai ya mirgina shi a ƙasa, ya tsuguna ya kanne ido ɗaya, ya rantse rim ɗin yana rawa. Ba wanda ya ga rawar sai shi.

Auta ta bugo ta tambaya ko har yanzu motar na kan bulo. Ta ce abin na damunta, yana zaune a gida ba fita, ko dai a sayar da ita a huta. Ya ce mata ana nema, abin ne da wuya. Bai gaya mata labarin benci ba. Ta yaya zai ce wa 'yarsa ubanta ya samu mutane a gindin tulin taya?

Abin da bai lura da shi ba, maganar ta fara ci wa Mai Taya rai. 'Yan benci sun sa shi gaba da tsiya, wai shekara da shekaru yana cika baki ba ƙafar motar da ta gagare shi, ga ɗan tsoho ya kwance masa zani a kasuwa. Mai walda har waƙa ya haɗa masa. Mai Taya yana dariya, amma dariyar ba ta kai ciki ba. Ban da haka tausayi yake ji, kullum yana ganin dattijo na takowa a ƙasa cikin rana, ga mota a gida. Ranar hutunsa, maimakon ya kwanta, sai ya hau motar haya ya tafi can bayan gari inda ake yanka matattun motoci, ya wuni yana ɗaga ƙarafa.

Da safe Baba Sha-Uku ya iso ya tarar da rim biyu, na ƙafar gaba da na safaya, jingine a bakin shago, an wanke su an goge, an riga an sa musu sababbin tayoyi. Ya nufi benci.

Mai Taya bai bar shi ya zauna ba ma. Ya ce daga jikin 'yar'uwar motarsa aka kwance su, shekararsu ɗaya, yau a jikin motar za a gwada, ba a kan tsohon rim ba. Aka loda su a bayan babur ɗin Dogo, Baba Sha-Uku da Mai Taya suka bi a ƙasa.

Rabon gidan da baƙi tun zaman makoki. Ya shiga kicin da sauri ya ɗora ruwan shayi, ya ciro kofunan matarsa masu bakin zinariya daga kabad, ya ɗauraye ƙurar. Kafin ruwan ya tafasa Dogo ya kafa jak ya ɗaga motar. Baba Sha-Uku ya fito da tiren shayi a hannu daidai lokacin da rim ɗin ya zauna a mazauninsa, ƙwas, noti huɗu suka shiga da yatsa kawai. Dogo ya juya ƙafar, ta yi ta juyawa shiru, ba guga ba rawa. Aka murɗa sitiyari iyakar dama, aka murɗa iyakar hagu, tayar ba ta taɓa komai ba.

Ya ajiye tiren ya tsuguna. Ya karanta lambobin jikin tayar, daidai suke da na sauran ukun. Ya nemi shekarar da aka buga ta, ta bana ce. Ya bi bakin rim ɗin da yatsa yana neman ko ɗan lanƙwasa, ya samu wani ɗan tabo da bai kai ƙwayar shinkafa ba, har ya buɗe baki. Sai idonsa ya faɗa kan hannun Mai Taya, duk yankan ƙarfe, babban yatsa naɗe da tsumma. Mutumin na tsaye yana kallonsa, bakinsa har kunne, yana jiran kalma ɗaya.

“Ya yi,” in ji Baba Sha-Uku. “Allah ya yi albarka.”

Suka sha shayin a tsaye, don sun bar shago ba kowa. Mai Taya ya ce gobe ya biyo a sake matsa noti, haka ake yi in an sa sabuwar ƙafa. Suka tafi. Ya wanke kofunan ya mayar da su kabad.

Gari na wayewa ya yi wanka ya sa kaya masu guga, ya tayar da mota. Tafiya take sumul, abin haushi, ko sitiyarin ba ya karkarwa. Da ya tsaya a gaban shagon 'yan benci suka miƙe suna tafi, mai walda ya sara masa kamar soja. Dogo ya zagaya da sifana, ya taɓa kowane noti, ya gwada iska, ya buga bayan motar da tafin hannu alamar an gama. Ko injin bai huce ba. Baba Sha-Uku ya kama marfin ƙofa zai fito, ya ji a benci an koma kan musun rannan da ba a ƙarasa ba, wanda shi ne ya taso da shi. Sai wata babbar mota ta tsaya a bayansa da taya a sace, ta danna ham.

Mai Taya ya leƙo ta taga, fuskarsa cike da murna.

“Baba, ɗan ba su wuri. Waɗannan tayoyin da na sa maka, wallahi sai ka shekara uku ba ka ga fuskata ba.”

Alheri yake nufi, tsakaninsa da Allah. Baba Sha-Uku ya yi murmushi ya sa giya. Ya bi titin yana neman inda zai ajiye motar, ko'ina an hana tsayuwa, inda ba a hana ba an cika. Ya zagayo ya sake biyowa ta gaban shagon a hankali. Suka hango shi, suka ɗauka yanga yake yi da sabuwar ƙafa, suka ɗaga masa hannu suna shewa. Shi ma ya ɗaga. Ko da ya samu wurin ajiyewa, me zai ce ya kawo shi? Ba ya jiran komai.

Ya koma gida, ya shigar da motar, ya kashe. Bai fito ba, ya zauna a ciki ya kira Auta, ko da yake ba ranar waya ba ce. Ta ɗauka a firgice tana tambayar lafiya. Ya ce lafiya lau, an samu ƙafar mota ne, an ɗaura.

“Alhamdu lillahi! Baba, yanzu hankalina ya kwanta. Ka ga sai ka riƙa fita kana shiga cikin mutane.”

Ya ce haka ne. Ta ce tana wurin aiki, za ta kira ranar hutu.