Jifan Farko da Sabulun Chandni

Yatsan Sharmishta na kan maɓallin talla lokacin da ta ga a allo kyaftin ɗin 'yan wasan kurket ya yafito wani daga gefen fili. Yaron ya taho a guje yana cire hula. Kunnuwan nan kamar faifai, ko cikin dubu ta san su. Tonmoy ne, ƙaninta, yau zai yi jifansa na farko a talabijin.

"Talla, Sharmi, talla!" in ji Bhaskar, shugaban ɗakin watsa shirye-shirye.

Ta danna. Filin kurket, wasan jifa da bugun ƙwallo, ya ɓace daga talabijin ɗin gidajen mutane, wata mata ta bayyana tana cuɗa farar riga da sabulun Chandni.

Aikinta ke nan a wannan tashar talabijin ta birnin Kolkata a Indiya: duk bayan jifa shida, kafin sabon mai jifa ya karɓi ƙwallo, ta cusa talla. Dokar tsoho Poddar, mai tashar, ita ce ba a katse talla. In mai jifa ya yi gaggawa, to jifansa ya tafi a banza, sai sabulu ya gama kumfa. Poddar ɗin nan shi ya ƙirƙiro wa gasar kurket ɗin hutun shan ruwa ba don kowa na jin ƙishirwa ba. Ta daɗe tana cin albashinsa, ba ta taɓa sa shi a ido ba. Wasu sun ce har a banɗaki yana da talabijin. Ita dai abu ɗaya take son sani: wai wasan yake kallo, ko tallan?

A ƙaramin allon gabanta Tonmoy har ya juya zai taso da gudu ya yi jifa, talla bai ƙare ba. Yaron nan bai iya jira ba, ko shinkafa da zafinta yake ci. Can ƙauyensu kuwa Ma, mahaifiyarsu, ta ɗaura sari, zanenta na biki, tun safe tana zaune gaban talabijin ɗin mai shayi.

Bhaskar ya lura da hannunta. "Ke, kul! Wanda ya yanke talla bara, yanzu murfin waya yake sayarwa a bakin tashar jirgi."

"Ƙanina ne, Yaya Bhaskar."

"Ko kakanki ne."

Tsoro ya kama ta sosai, don da albashin nan take riƙe da gida. Ta danna duk da haka.

Matar sabulu ta ɓace, rigar na hannunta. Ƙwallo ta dira, ta kauce wa mai bugu, ta yi fatali da ta tsakiya cikin sanduna ukun da yake karewa, an fitar da shi ke nan. Filin ya kaure da ihu. A ɗakin kuwa, wayar bango ce ta fara ƙara.

Bhaskar ya ɗauka, ya miƙa mata kamar mai miƙa garwashi.

"Wa ya yanke mini sabulu?" Muryar siririya ce, ta tsoho mai tari.

"Ni ce, ranka ya daɗe."

"Kin san zai fitar da mutumin ne?"

"Ban sani ba."

"To don me?" Ba faɗa a muryar. Da gaske yake tambaya.

"Uwarmu na kallo. Kuma jifan farko ai kowa na son gani, tunda ba wanda ya san abin da zai zo."

"Ikon Allah," ya ce a hankali. "Ni kuma ina ta zubar da shi. Ba ni Bhaskar."

Bhaskar ya saurara yana ta gyaɗa wa bango kai, sannan ya ajiye, ya juyo gare ta.

"Daga gobe ba a rufe jifan farko. Sunansa Jifan Farko na Sabulun Chandni, kuma masu sabulu za su biya ninki biyu."

"Ni fa?"

"Ke? Ko sunanki bai tambaya ba. Zauna, jifa shida sun kusa cika."

Ta zauna. Ta dai sami amsar tambayarta: ko wasan ma, talla yake gani a cikinsa. Wayarta ta yi ƙugi a kan tebur, ta ɗauka a ɓoye.

"Na gan shi, Sharmi! Da idona na gan shi!" Ma na kuka, bayanta ana ta buga gwangwani. Ta ja hanci. "Amma wane marar mutunci ne a wajenku ya katse matar nan? Ban ga ko rigar ta fita ba."