Waƙoƙin Iya Amariya

Barakatu ce da kanta ta kai Nimota gidansu, kuma wannan shi ya fi ci mata rai daga baya.

A Sabo, unguwar Hausawa ta Ibadan, aka haifi Barakatu, a wani gida da ke bayan layin 'yan canji, ta tashi da Hausa da Yarbanci duka a bakinta. Tana karatun digiri na biyu a sashen harsuna na wata jami'a a cikin gari, kuma bincikenta a kan yadda harsunan nan biyu suka cuɗanya a adabin bakan mutanen Sabo ne. Mai duba aikin nata Dakta Mahmudu ne, wani Bakatsine mai yawan barkwanci. Ba mugu ba ne, amma duk babin da ta kai masa sai ya dawo ja-wur da gyara. Ya taɓa ce mata a gaban ɗalibai Hausarta ta sha manja. Kowa ya yi dariya, har da ita, amma maganar ba ta bar ta ba.

Nimota kuwa, wadda cikakken sunanta Ni'imatullahi ne, Bayarabiya ce 'yar unguwar Mokola. A Zariya ta yi digirinta na farko a kan Hausa, ta dawo da Hausar da in ka ji ta a bayan labule sai ka ce mai karanta labaran rediyo ce. Dakta Mahmudu yakan ajiye biro ya saurare ta. Shi ne ya haɗa su, ya ce tunda fagensu ɗaya, Barakatu ta shigar da ita unguwa ta nuna mata mutane.

Abin da Barakatu ba ta gaya wa kowa a sashen ba shi ne, babbar taskar da suke nema tana cikin gidansu. Mahaifiyarta, Iya Amariya, zabiya ce a zamaninta. Tsofaffin matan Sabo har yanzu suna ba da labarin yadda takan ɗauko baiti da Hausa ta sauke shi da Yarbanci, mata suna amshi. Ta daina tun rasuwar mahaifin Barakatu, ta koma sayar da kunun gyaɗa da alale a cikin gida. Barakatu kuma 'yar fari ce. Iya ba ta kiran sunanta, ba ta zama hira da ita, in saƙo ne sai ta bi ta kan Hussaina, ƙanwar Barakatu. Sau ɗaya Barakatu ta yi ƙarfin hali ta ajiye waya a gabanta ta roƙe ta ko baiti ɗaya ne. Iya ta ce Allah ya shirye ta, ta ci gaba da wanke wake.

Ranar da Nimota ta zo, ta durƙusa har ƙasa da gwiwa biyu irin ta Yarbawa, ta yi gaisuwa da Hausa mai daɗi. Iya ta dube ta, ta amsa mata da Yarbanci. Suka yi dariya tare. Kafin a kira la'asar Nimota ta naɗe hannun riga tana taya ƙulla alale a leda, Iya tana tambayarta ko 'yar gidan wa ce a Mokola. Ashe ma ta taɓa yin waƙa a bikin wata gwaggon Nimota da ta auri Bahaushe mai sayar da goro.

Barakatu ta ji daɗi a ranar. A zuwa na gaba ne abin ya fara sauyawa.

Barakatu ta dawo daga makaranta da yamma, tun daga zaure ta ji wata murya da ba ta sani ba, siririya, mai ɗan rawa, tana hawa tana sauka. Sai da ta tsaya kafin ta gane ta mahaifiyarta ce. Ta ɗaga ƙafa a hankali, amma takalminta ya taɓa wani bokitin ƙarfe. Waƙar ta yanke nan take. Da ta shiga tsakar gida ta tarar da Iya tana gyara kallabi, Nimota kuma zaune a kan tabarma da 'yar rikodarta a cinya, idonta yana ƙyalli.

"Ke, ga abincinki can a rufe," in ji Iya, ba tare da ta dube ta ba. Sannan ta juya ta ce, "Nimota, gobe ki zo da wuri, kafin rana ta yi."

Barakatu ta ɗauki kwanon ta shige ɗaki. Abincin bai wuce mata ba. Ta san al'ada, ta karanta ta a littattafai, har ta rubuta shafi guda a kan kunyar ɗan fari a babinta na biyu. Amma sanin bai hana ta jin yadda sunan wata ya fito a bakin Iya da sauƙi haka ba.

Daga nan Nimota ta zama 'yar gida. Takan zo da safe lokacin da Barakatu take aji, ta tafi kafin ta dawo. Matan maƙwabta masu zuwa sayen kunu suka fara kiranta 'yar Iya. Hussaina ta riƙa kawo labari, wai yau Iya ta yi waƙar wankan amarya har Maman Salisu ta yi guɗa, wai jiya ta tashi ta taka rawa kaɗan. A makaranta kuma Nimota ba ta ɓoye komai. Ta bayyana wa Dakta Mahmudu abin da ta gano, cewa Iya Amariya takan sa zambon dangin ango da suka zo daga Arewa cikin Yarbanci don kada su gane, in kuma maƙwabta Yarbawa za ta taɓa sai ta koma Hausa mai zurfi. Don haka a biki guda kowane ɓangare yana dariyar ɗayan, kuma 'yan Sabo kaɗai ke jin duka biyun. Dakta ya buga tebur ya ce wannan shi ne bincike. Ya juya ya tambayi Barakatu yadda aka yi tana kwana gida ɗaya da irin wannan baiwar Allah ba ta taɓa ambata ba.

Ta ce ai tana tattara nata ne a hankali.

Nimota ta sha yi mata tayin ta tura mata abin da ta ɗauka. Ta ce muryar mahaifiyarta ce, ta fi kowa haƙƙi a kai, su rubuta takardar tare ma in tana so. Barakatu takan ce ba sauri, ai waƙoƙin nan ta san su tun tana goye. Ƙarya take yi. In ban da guntun da ta tsinta a zaure, ba ta san ko ɗaya ba. Amma ta ga in ta karɓa, ta zama wadda baƙuwa ta sam mata abin gidansu, kuma wannan ba za ta iya haɗiye shi ba.

Ta fara neman aibin Nimota. Ta saurari Hausarta da kunnen mai neman kuskure, ranar da ta ji ta ce wa wata tsohuwa "kai" a maimakon "ke" sai da ta yini cikin nishaɗi. Ta gaya wa kanta durƙuson nan duk dabara ce. Sai dai in ta natsu ta san ba haka ba ne, don ta ga Nimota tana shafa wa Iya man zafi a gwiwa a ranar da ko rikodar ba ta zo da ita ba.

Da aka sa lokacin taron ƙara wa juna sani na sashen, Dakta Mahmudu ya zaɓi Nimota ta gabatar da takarda, ya ce malamai za su zo daga Kano da Ilori. Nimota ta ce wa Barakatu tana so ta kunna baiti biyu ko uku a wurin don mutane su ji da kunnensu, amma sai ta nemi izinin Iya tukuna, kuma ba za ta ambaci suna ba in Iya ba ta so.

Barakatu ta riga ta. Washegari da hantsi, Iya tana tace gyaɗa, ta tsaya a bakin madafa ta yi magana da Hussaina da ƙarfin da Iya za ta ji. Ta ce ashe waƙoƙin nan a lasifika za a sa su, a gaban maza cike da ɗaki, har da malamai daga Arewa. Ta ce yanzu kowa da waya a hannunsa, kafin a tashi taro abu ya zaga, sai ka ji shi a bakin masallaci. Ba ta faɗi maganar izini ba, ba ta kuma faɗi ta ɓoye suna ba.

Hannun Iya ya tsaya a cikin ƙwarya. 

Da Nimota ta zo, Iya ba ta shimfiɗa mata tabarma ba. Barakatu tana ɗaki, ta ƙi zuwa aji ranar, tana jin komai ta taga. Iya ta yi magana a hankali, da Hausa zalla. Ta ce ita tsohuwa ce mai jikoki, mijinta yana ƙasa, abin da ta yi a tsakar gidanta tsakanin mata ba na kunnen maza ba ne. Nimota ta yi ta rantsuwa cewa abin da ya kawo ta yau ke nan, neman izini. Iya ta ce ta yarda da ita, amma hankalinta ba zai kwanta ba muddin muryarta tana cikin wannan abin.

Sai Nimota ta ce, "Iya, ba inda na kwafe su, nan kaɗai suke. Ki duba da idonki."

Barakatu ta miƙe tsaye. Ba ta taɓa kawo wannan a ranta ba. Ta ɗauka Nimota za ta yi gardama, ko ta tafi da abinta a rufe mata ƙofa. Ta leƙa ta ga Nimota a durƙushe tana danna rikodar, tana goge su ɗaya bayan ɗaya, Hussaina tana karanta wa Iya abin da ke fitowa. Magana ɗaya daga bakin Barakatu da ta tsayar da abin. Ta buɗe baki, amma sai ta ga in ta fita dole ta faɗi dalilin da ya sa ta yi maganar ɗazu. Ta koma ta zauna a bakin gado har aka gama.

Da Nimota za ta fita suka haɗu a zaure. Idonta ya yi ja. Ta dubi Barakatu ta ce, "Da kin karɓa tun lokacin da na ce miki." Ta wuce. Ko ta san wanda ya kai maganar, ko ba ta sani ba, Barakatu ba ta iya ganewa daga fuskarta ba.

Barakatu ta zaci za ta ji sanyi. Ta ɗan ji kuwa, ranar da Dakta Mahmudu ya ji an goge waƙoƙin, ya riƙe kai yana salati a ofis. Amma Nimota ba ta zauna ba. Ta riƙa shiga mota daga Ojoo zuwa kasuwar Akinyele, wurin matan Hausawa masu harkar tumatir da albasa, har ta samo wata tsohuwa mai suna Jamilatu wadda ta yi amshi a bayan zabiyoyin Sabo tana budurwa. Muryarta ba ta kai ba, rabin baitocin ma ta manta, amma ta yarda a kunna. A taron, Nimota ta ce asalin fahimtar ta samo ta ne daga wata uwa da ba za ta ambaci sunanta ba, kuma tana godiya ga 'yar'uwarta Barakatu da ta buɗe mata ƙofar Sabo. Mutane suka waiwayo suna tafi. Barakatu ta yi murmushin yaƙe. Wani farfesa daga Kano ya bi Nimota har waje yana tambayar ko za ta so koyarwa a Arewa.

Ita Barakatu sai ta sauya akalar bincikenta zuwa waƙoƙin da samarin Sabo ke rubutawa a waya, masu haɗa Hausa da Yarbanci da Turancin buroka. Aikin ya yi kyau daidai gwargwado. Dakta Mahmudu ma ya ce a wannan fagen ba wanda zai kama ƙafarta, don ita ce ke jin abin da yaran ke nufi. Ta ci jarrabawar kare kundi ba tare da wata wahala ba. Iya ba ta ce mata komai ba, amma ta dafa shinkafa da yawa ta raba wa maƙwabta, tana ce musu waccan ce ta gama karatu.

Nimota ta samu aikin, ta koma Kano. Kafin ta tafi ta zo sallama, Iya ta buɗe akwatinta ta ba ta turmin atamfa, ta riƙe hannunta ta daɗe tana sa mata albarka. Ba a sake jin Iya ta yi waƙa a gidan ba, ko a gaban maƙwabta.

Wayar Iya ta lalace a daminar nan, ta ce kada a saya mata wata, ba ta da wanda take kira. Saboda haka duk ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, wayar Barakatu ce ke ƙara. Takan ga sunan Nimota, ta bar ta ta ɗan yi ruri, sannan ta ɗauka su gaisa sama-sama, ta tambayi zafin Kano, Nimota ta tambayi ruwan Ibadan. Daga nan sai ta fita tsakar gida ta miƙa wa Hussaina, Hussaina ta miƙa wa Iya. Iya takan goge hannu a zane, ta gyara zama, ta kara wayar a kunne da hannu biyu. Hirar takan yi tsawo. Barakatu takan ɗauki bokiti ta tafi famfon ƙofar gida, ko da randunan a cike suke.