Gira Ɗaya Sama

Yayana ɗan barkwanci ne, irin masu shafa farin fenti su maƙala jan hanci na soso, suna ba yara dariya a makarantu da ɗakin yara na asibiti. Ni ke ɗinka masa kaya, har da wandon nan da mutum biyu za su shige a bar wa baƙo wuri. Fuskar kuwa shi ya ƙirƙiro abarsa tun yana saurayi: gira ɗaya sama, ɗaya ƙasa, baki ja har kunne.

Da masu shirya wani fim na ban tsoro suka neme shi, sai suka miƙa masa fuskar roba mai haƙora. Yaya, sarkin taurin kai, ya ɗaga ta da yatsu biyu kamar tsumman goge-goge.

"Ni ba na aron fuska. Tawa zan yi."

Darakta har rungume shi ya yi. Abin takaicin, ba wani mugun abu suka sa shi ba. Tsayawa kawai ya yi a ƙarshen dogon baranda, ba kiɗa, ba magana, yana ɗaga hannu a hankali yadda yake gaida yaran asibiti. Ni da na ɗinka rigar da hannuna, sai da tsigar jikina ta tashi.

Fim ya karɓu, hoton ya bazu. Yaran da aka hana kallo ma sun gan shi a wayar yayyensu.

Ranar da ya koma asibiti, wata yarinya da ake yi wa ƙarin ruwa tana ganinsa ta fizge robar ƙarin ruwan, tana neman shigewa ƙarƙashin gado. Babbar nas ta rako shi har ƙofa tana ba shi haƙuri.

"To ka canza fuska mana, Yaya," na ce. "Fenti ne fa, ba da shi aka haife ka ba."

Ya zauna gaban madubin shagona da sabbin launuka. Ya zana ya goge, ya zana ya goge. Kafin ya ankara, girar hagu ta sake hayewa sama. Tausayinsa ya hana ni tsokanar da na saba.

Ya ajiye burushin.

"Hannun bai san wata fuskar ba, ƙanwata." Ya jima yana juya jan hancin a tafinsa. "Yarinyar nan, a da ba ta yarda a yi mata allura sai ta riƙe wannan."